Farantin Dutsen Marigayi

Duk macen da ta yi aikin gida a Makka ta san farin tabon ruwa. Ruwan da wayit, wato motar tanka, take juye wa mutane a gida yana da gishiri-gishiri, in ya bushe a kan tayil sai ya bar fari, balle a kan baƙin tayil. Sabulu ba ya fitar da shi, soson ƙarfe ma sai dai ya gajiyar da ke. Maganinsa ɗaya ne, wani ruwa mai ƙuna da ake sayarwa a shagon kayan famfo, a nan ana ce masa moya nar. Ki zuba, ya yi kumfa, ya tashi da wari mai shaƙe maƙogwaro, ki kora da ruwa, wurin ya fito fes. A satina na farko a garin nan wata 'yar Maraɗi ta koya mini shi a wani banɗaki a unguwar Utaibiyya, ta ce in riƙe numfashina in kau da fuska. Tun daga ranar, in na ga fari a kan baƙi, hannuna yana kai wa ga kwalbar kafin kaina ya yi tunani.

Umra na zo na ƙi komawa, kamar yadda da yawanmu suka yi. Mijina ya rasu ya bar ni da yara uku a Kano, na ajiye su wurin mahaifiyata da cewa shekara biyu zan yi. Lokacin da abin da zan ba da labarinsa ya faru ina cikin ta goma sha uku. Ba ni da iƙama, takardar zama, saboda haka ba ni da bakin magana a ko'ina. In aka sallame ki daga gida, sai dai ki ɗauki jakarki ki ce na gode. Na yi gidaje sun fi goma: gidan da ake sa wa firji kwaɗo, gidan da matar take bin bayana da farin ƙyalle tana shafa inda na goge, gidan da hawa biyar ne kuma da ƙafa ake hawa. A unguwar Mansur nake kwana, mu huɗu a ɗaki ɗaya, kowa da jakarta a ɗaure a gefen katifa saboda ba a san ranar da motar jawazat, masu kamen marasa takarda, za ta shigo lungu ba. Gwiwoyina sun riga sun fara ƙara in na tsuguna.

Wani gida a unguwar Rusaifa shi ne wuri na farko da aka ce in zauna in sha shayi kafin in taɓa tsintsiya. Mai gidan wata tsohuwa ce da kowa ke kira Hajja. Kakanninta daga ƙasar Sakkwato suka taso da ƙafa, aka haife ta a Sudan, ta shigo Makka da aure. Ciwon suga ya cinye mata ido, mijinta ya rasu, 'ya'yanta da jikokinta kuwa Larabci ne a bakinsu. Aikina a baki shara da wanki ne. Aikina na gaskiya shi ne in ta yi magana da Hausa a samu mai amsa mata. Tana ce mini ɗiyata, tana tsokanata wai mu Kanawa mun tauna Hausa mun tofar da rabinta. Ni kuma in ce ai tata Hausar ta kwana a hanya, ta yi tsami. Sai ta yi dariya har tari ya sarƙe ta.

'Yarta ce ke riƙe da gidan. Malamar kimiyya ce a wata makarantar 'yan mata, shi ya sa nake ce mata Abla kamar yadda ɗalibanta ke faɗa. Ba muguwa ba ce, kar in ɗauki alhakinta. Tsoro take ji, don akwai hukunci a kan wanda aka kama da marar takarda a gidansa, kuma aikinta na gwamnati ne. Sau biyu ta faɗa a gabana, da Larabci, kuma ta san ina ji, cewa za ta kawo mai aiki ta ofis, mai iƙama. Sau biyu Hajja ta juya fuska bango ta ƙi cin abinci. Aka bar maganar, amma ba ta mutu ba. Kuskure ɗaya Abla take jira wanda uwarta ba za ta iya kare ni a kansa ba. Na sani, ita ma ta san na sani. Shekara biyu na yi a gidan ban fasa ko kofin gahawa ba.

A watan Sha'aban, lokacin da gidajen Makka ke kakkaɓe komai kafin azumi, Abla ta ce in kwashe ɗan sito ɗin da ke kan rufi kusa da tankin ruwa, don tankin yana yoyo kuma za a zo gyara. Ta ce in wanke abin da ya wanku in jera, in ta dawo makaranta za ta duba. Na hau da hantsi, rana ta riga ta fara cizo. Tsofaffin akwatuna ne, da fanka marar fuka-fuki, da buhun tasbahohi da suka tsittsinke. A can ƙurya, jingine da bango daidai inda ruwan tanki ke ɗiga, na ga wani zagayayyen abu kamar faifai amma ya fi shi girma. Na ja, ya ƙi. Dutse ne, baƙi, mai nauyin tsiya.

Na kwantar da shi na goge ƙurar da jiƙaƙƙen tsumma. Sai ga baƙi wuluk yana sheƙi, amma duk fuskarsa fararen tabo ne dogaye, masu tsini a gefe ɗaya, kamar an watsa busasshiyar kuɓewa. Baƙin dutse, farin tabo, ƙarƙashin tanki mai yoyo. Me zan tsaya tambaya? Har daɗi na ji. Na ce yau Abla za ta ga aiki, abin da ya shekara yana lalacewa a hannunsu zan dawo musu da shi sabo. Na sauka na ɗauko moya nar.

Da na zuba, ba tabon kaɗai ya yi kumfa ba, dutsen gaba ɗaya ne ya hau tafasa yana shuuu. Da mai hankali ce da ta tsaya a nan. Ni kuwa cewa na yi gishirin ne ya yi yawa. Na kau da fuska, na sa buroshi na dirza, na kora da ruwa. Tabon yana nan. Na ƙara zubawa, na bar shi ya jima yadda ake yi wa tabo mai taurin kai, na sake dirzawa har kafaɗata ta riƙe. Sai da na kora ruwa na biyu, rana ta busar da shi a gabana, sannan na ga abin da na yi. Sheƙin ya tafi. Baƙin ya koma ruwan toka, ya yi kaushi. Fararen kuwa ba inda suka je, sai ma fitowa da suka ƙara yi. Na durƙusa na duba da kyau. Kowanne an rarraba shi da layuka a gicciye, ɗaki-ɗaki, ƙanana a wajen tsinin, manya a wajen faɗin, ga wani siririn layi ya ratsa tsakiyarsu. Ruwan tanki ba ya zane irin wannan. A cikin dutsen suke.

Na zauna daɓas a kan simintin nan mai zafi. Na yi tunanin in mayar da shi ƙuryar in juya fuskarsa bango. Na yi tunanin in ce haka na same shi. Har na sauka kicin na ɗebo man girki na shafa masa, ya ɗan yi duhu, amma kaushin yana nan, ga warin moya nar ya cika rufin. Ba zan yi ƙarya in ce tsoron Allah ne kaɗai ya sa na ɗauko shi ba. Gajiya ce. Na gaji da jiran ranar da za a kore ni, na ce in yau ce to ta zo mu huta.

Na rungumo shi a ƙirji na sauko matakala ɗaya-ɗaya. Hajja tana zaune a kan dardumarta a falo, ta jingina da matashi.

"Mi kinka ɗauko haka kina nishi, ɗiyata?"

"Hajja, ɓarna na yi."

"Ɓarnar mi?"

"Wani baƙin dutse ne a sito. Na ɗauka tabon ruwa ne a jikinsa, na zuba masa moya nar."

Ta ce, a hankali, "Farantin Alhaji."

Kayan marigayi mijinta ne ashe. Ta ce in kawo, na sa matashi a cinyarta na ɗora mata. Ta aza tafin hannunta a kai kamar mai jin zafin jikin yaro. Na tsaya ina jiran faɗa. Sai na ga yatsanta ya tsaya a wuri ɗaya, ya koma baya, ya sake bi. Ya kama gefen ɗaya daga cikin fararen nan ya bi shi har tsini. Leɓɓanta suna motsi, ashe ƙirge take yi.

"Ga babban nan," ta ce. "Shina nan inda na bar shi." Hannunta ya zarce hagu. "Ga mai karyayyen kai. La ilaha illallah. Ga ƙananan nan guda biyu da sunka gicciye."

Moya nar ya ci dutsen, amma bai ci shi daidai ba. Wani wuri ya zurfafa, wani ya tsaya, har layukan nan sun zama abin da yatsa zai iya ji. Ban fahimci haka a lokacin ba, na dai ga hawaye yana bin fuskarta, na ɗauka na baƙin ciki ne, na hau ba ta haƙuri.

"Yi mini shiru," ta ce. "Zauna."

Na zauna. Ta ba ni labari, yatsanta bai bar kan dutsen ba. Marigayi tasbaha da zobba yake sayarwa kusa da Harami. Wani alhaji ɗan Maroko da ya saba sauka wurinsa shi ya kawo masa farantin. A kansa yake jera butar gahawa da kofuna in ya yi baƙi, kuma duk baƙon da ya zo sai ya sha bayani. Wai ba zane ba ne, halittun teku ne da Allah Ya mayar dutse, aka haƙo su a cikin hamada inda yau ko ɗigon ruwa babu.

"Ni da na ƙetaro Bahar Maliya cikin jirgin ruwa ina amai," in ji ta, "sai ya ce mini ga irin abin da ke yawo ƙasan ruwa tun ba a yi ɗan Adam ba. Na ce ai gara da ban sani ba sa'ad da muna bisa."

Ta ce bayan idonta ya tafi ta sa an kawo mata shi, ta shafa, ta ji sumul kamar madubi, ba abin da hannu zai kama. Ta ce a ranta su ma sun tafi sun bar ta. Daga nan ba ta ƙara tambayarsa ba, Abla kuma ta kai shi sama don kar ya faɗo mata a ƙafa.

Bayan Azahar muka ji ƙarar makulli. Abla ta shigo da jakar littattafai, abayarta duk alli. Ta ga uwarta, ta ga abin da ke cinyarta. Jakar ta sulale ƙasa.

"Esh hada?" ta ce. Mene ne wannan. Ta sunkuya ta shinshina, ta ɗago ta dube ni. In ranta ya ɓaci Hausarta takan ƙara karyewa. "Moya nar? Ke zuba moya nar a kan hajar na Baba?" Dutsen take nufi.

Na ce, "Ni ce, Abla. Ban sani ba."

"Kin san mene ne wannan?"

Malama malama ce, ko a cikin fushi sai da ta karantar da ni. Ta ce sunansa Ortosiras, ma'anarsa miƙaƙƙen ƙaho. Ɗan'uwan habbar ne, abin nan mai hannaye da yawa da ake sayarwa a kasuwar kifi. A bakin ƙahon yake zaune. In ya girma wurin ya yi masa kaɗan, sai ya matsa gaba ya gina bango a bayansa, ya bar tsohon ɗakin wayam. Siririn layin nan wata jijiya ce da ta ratsa duk ɗakunan da ya bari, da ita yake daidaita nauyinsa a ruwa. Irinsa ya ƙare ƙaf, babu ko ɗaya a tekun duniya yau. Dutsen kuma dutsen farar ƙasa ne, abin da moya nar ya fi so ya ci ke nan.

"Miliyoyin shekaru ya yi ba abin da ya same shi," ta ce, "sai da ya haɗu da ke."

Gaskiya ta faɗa. Na sunkuyar da kai ina kallon yatsun ƙafata. Ta juya wajen uwarta ta koma Larabci, ta ce halas, magana ta ƙare, ta yi haƙuri iya haƙuri, gobe za ta je ofis, ni kuma yau ce ranata ta ƙarshe. Na fara tunanin inda na ajiye takalmana.

"Kawo hannunki," in ji Hajja.

"Ya Ummi..."

"Kawo, na ce. Rufe idonki."

Abla ta durƙusa, ba da son ranta ba. Hajja ta kama yatsanta ta bi da shi kan babban, ɗaki bayan ɗaki, har tsini.

"Kin ji?"

"Ummi, ya lalace."

"Gare ki ya lalace. Ni shekara takwas ban gan su ba, yau na gan su." Ta saki hannun. "Ki ji ni da kyau. Muddin ina numfashi cikin gidan ga, ɗiyar ga tana nan. Farantin ga kuma ba mai kai shi gyara."

Abla ta tashi ta shige ɗakinta ta rufe ƙofa. Na ji kukanta, kuma na san ba don ni ba ne, ubanta take yi wa. Ni kuwa abu ɗaya ya tsaya mini a kunne: muddin ina numfashi. A shekara goma sha uku wannan ce takardar zama ta farko da aka ba ni, kuma na ji wa'adinta sarai.

Daga ranar aka ƙara mini aiki. Kowace safiya bayan shayi sai na ɗauko dutsen nan na ɗora mata a cinya, in ta gama in mayar. Bayana ya sha wuya. Takan sa mu ƙirga ɗakunan babban, ni da ido ita da yatsa, kullum nata ya fi nawa biyu.

"Kuna da ido ba ku gani," ta kan ce. "Bakano ko ƙirge sai ya rage."

Wata rana tana shafa tsinin ta ce, "Ko shina tuna ɗakin farko?" Satin ne aka ɗaura auren autata a Kano, wadda na bari tana koyon ɗaura ɗankwali, ta waya na ji guɗar. Na tashi na ce zan duba tukunya.

Abin da ban taɓa gaya wa kowa ba shi ne yadda na koma mai gadin numfashinta. In ta yi barcin rana sai in tsaya da tsumma a hannu ina kallon ƙirjinta. Na san lokacin kowace ƙwayar maganinta fiye da Abla. Na ɓoye dabino, na rage sukarin shayi, ta zage ni na shanye. Ina son tsohuwar nan, Allah Ya sani. Amma in na yi mata addu'ar tsawon rai ban san wa nake roƙa wa ba, ita ko ni. Wannan ya fi aikin gajiyar da ni, kuma har yau ina jin kunyarsa.

Ta ga azumin nan, ta ga aikin Hajji, ta sake ganin wani azumin. Bayan ƙaramar Salla da 'yan kwanaki, wata safiya, na kawo shayi ta ce ba ta sha, in dai kawo mata faranti. Na ɗora mata na koma kicin. Da na dawo hannunta yana kan mai karyayyen kai, kanta ya langaɓe a matashi. Na tsaya kallon ƙirjin nan yadda na saba, na daɗe ina kallo.

Kwana uku na zaman makoki ban zauna ba, kofuna nake wankewa. Da aka watse Abla ta kira ni. Ta ce in tsaya zuwa ƙarshen wata in taya ta haɗa kayan Hajja na sadaka. Ba ta faɗi sauran ba, ni ma ban tambaya ba. Muka yi kwanaki muna ninke zannuwa, wani lokaci ta ɗaga ɗaya ta tambaye ni sunansa da Hausa, in gaya mata, ta maimaita a hankali. A cikin kwanakin ne na lura farantin ba ya inda nake ajiye shi. Ban yi magana ba, ba nawa ba ne.

Ranar ƙarshe na shigo na same shi a falo, a kan tebur, da butar gahawar marigayi a gefensa. An kai shi wurin masu gogar dutse. Baƙi wuluk, har fitilar silin ana gani a cikinsa, fararen nan sun kwanta a ciki tas kamar an rufe su da gilashi. Ya yi kyau, ba zan hana shi ba.

"Haka yake lokacin Baba," in ji Abla. Idonta ya cika, amma murmushi take yi. Na ga ita ma ta samu nata ya dawo.

Na ce, "Ya yi kyau, Abla. Ki gaya wa sabuwar mai aikin, ruwa da tsumma kawai."

Ta ce to. Ta shiga ciki ɗauko mini wani zanen Hajja da ta ce in riƙe. Da na ga ba kowa a falon sai na matsa kusa da teburin, na rufe idona, na ɗora tafin hannuna. Na nemi babban. Na zarce hagu na nemi mai karyayyen kai, na nemi ƙananan nan biyu da suka gicciye. Na bi farantin daga wannan gefe zuwa wancan, sau biyu. Sumul, ba abin da yatsa zai kama.

Na goge shatin hannuna da gefen mayafina don kar ya bar tabo. Na ɗauki jakata na ce na gode.